Fashin baƙi: Idan mai fasaha ya dasa itace ko ya gyara gida, fasaha ce ko aikin agaji?

Me ya haɗa gyaran gidaje da kyautar masu zane da sassaƙa? Tambayar da ta cika jaridun Birtaniya ke nan a watan Disamba na 2015, lokacin da aka miƙa kyautar Turner, wadda ta fi kowace suna a fagen fasahar zamani a ƙasar, ga wata ƙungiyar matasa mai suna Assemble. Yawancinsu tsara gine-gine suka karanta. Aikin da ya ciyo musu fam 25,000 ɗin shi ne farfaɗo da tsofaffin gidaje a unguwar Granby da ke Liverpool, tare da mazauna unguwar da suka yi shekara da shekaru suna hana hukuma rushe ta. A 2021 kuma duka biyar ɗin da suka kai zagayen ƙarshe na kyautar ƙungiyoyi ne masu aiki cikin jama'a. Shekara guda bayan nan aka gudanar da documenta, babban baje kolin da ake yi a birnin Kassel na Jamus duk shekara biyar, a ƙarƙashin jagorancin ruangrupa, wata ƙungiya daga Jakarta.

Duk sa'ad da irin wannan labari ya fito, sai mutane su rabu gida biyu. Wasu su ce yaudara ce, irin ta ayabar nan da mai fasaha Maurizio Cattelan ya manna a bango aka sayar dala miliyan 6.2 a 2024. Wasu su ce aikin ƙungiyar agaji ne aka sa masa rigar fasaha don a samu masu ba da kuɗi. Kowanne ɓangare yana da abin da ya hango, sai dai dukkansu sun haɗa abubuwa uku daban a tukunya ɗaya.

Abubuwa uku da ake cakuɗawa

Na farko ita ce fasahar ra'ayi. A nan tunanin da ke bayan aikin shi ne aikin, abin da ido ke gani kuwa ana iya sauya shi. Ta yi ƙarfi a shekarun 1960. Sol LeWitt na Amurka, alal misali, yakan rubuta umarnin yadda za a ja layuka a bango, wasu mutane daban su ja. Wanda ya sayi ayabar Maurizio Cattelan ma takardar shaida ya saya da umarnin yadda ake manna ta. In ta ruɓe sai a sa wata.

Na biyu ita ce fasahar nuni da jiki. Kayan aikin su ne jikin mai fasahar, da lokaci, da wuri, da mutanen da ke tsaye a wurin. Wanda ya san tashe ya san rabin zancen: babu dandamali, a titi da ƙofar gida ake yi, kuma mai kallo ma yana cikin wasan. Inda suka rabu shi ne, a tashe kwaikwayo ake yi, a nan kuwa abin da ya faru ya faru da gaske. A 1974 a birnin Naples, Marina Abramović ta tsaya cik na awa 6, ta jera abubuwa 72 a kan teburi, daga fure da gashin tsuntsu har almakashi da bindiga da harsashi, ta ba 'yan kallo izinin su yi mata abin da suka ga dama. Da farko an yi ta jin nauyi. Kafin lokacin ya cika an yayyaga tufafinta, an yanke ta, wani ya ɗora mata bindigar.

Na uku ita ce wadda muke magana a kai, fasahar cuɗanya da jama'a. Ta ɗauko daga ta farko cewa ba dole sai an samar da abin ratayewa a bango ba, ta ɗauko daga ta biyu cewa mutane na cikin aikin, sannan ta ƙara nata: ana yin aikin tare da wata al'umma takamaimai, a kan wata matsala takamaimai, tsawon watanni ko shekaru. Ayabar Cattelan ba ta cikin wannan layi ko kaɗan, kasuwar attajirai aka yi ta domin ta.

Daga ina abin ya taso?

Tushen farko bore ne. Masu fasaha na ƙarshen shekarun 1960 sun gaji da ganin ayyukansu na ƙarewa a falon masu kuɗi, a daidai lokacin da gwagwarmayar baƙaƙen fata da ta mata da adawa da yaƙin Biyetnam suka cika tituna. Tushe na biyu ya zo daga baya, lokacin da gwamnatocin Turai da Amurka suka riƙa janye hannu daga hidimar unguwannin talakawa, masu ba da tallafi kuma suka fara tambayar masu fasaha wane amfani aikinsu zai yi wa jama'a. A Afirka akwai dalili na uku: gidajen baje koli ba su da yawa, saboda haka titi da kasuwa su ne filin da ake da shi. Ƙungiyar Agit'Art ta Dakar ta fara tun 1974. A Zariya ma, daga ƙarshen shekarun 1970 malamai da ɗaliban wasan kwaikwayo na Jami'ar Ahmadu Bello suka riƙa fita Samaru da ƙauyukan kewaye, su saurari matsalolin manoma, su mayar da su wasa da Hausa, a yi a fili, a zauna a tattauna. Reshe ne daban, amma jijiyarsu ɗaya.

Aikin da ya fi fayyace bambancin wannan fasaha da aikin agaji shi ne na Joseph Beuys, mai fasaha ɗan Jamus, a Kassel. A 1982 ya yi alkawarin dasa itatuwa 7,000 a birnin, kowanne da dogon baƙin dutse a kafe a gefensa. Dabarar tana cikin duwatsun. Sai da ya sa aka jibge su duka 7,000 a dandalin da ke gaban gidan baje kolin Fridericianum, a tsakiyar gari, da sharaɗin ba za a ɗauke dutse ba sai an dasa itace. Wanda ya so ya ɗauki nauyin itace ɗaya yakan biya mak 500 na kuɗin Jamus na lokacin. Mutanen gari da yawa sun fusata: tulin ya ɓata musu dandali, itatuwan kuma za su cinye wuraren ajiye mota. Amma duk mai son tulin ya tafi, hanya ɗaya ce gare shi, ya taimaka a yi dashe. Kullum aka wuce ta wurin ana ganin yawan bashin da ya rage. Aikin ya ci shekara biyar. Beuys ya rasu a Janairun 1986, ɗansa ne ya dasa na ƙarshe a 1987. Hukumar gandun daji za ta iya dasa itace dubu bakwai ba wanda ya sani. Abin da Beuys ya ƙara shi ne ya sa gari guda ya yi ta gardama a kan inuwarsa har shekara biyar, kuma itatuwan suna nan.

Pedro Reyes ya bi irin wannan lissafi a birnin Culiacán na Meziko a 2008. An yi shela cewa duk wanda ya kawo bindiga za a ba shi takardar karɓar kayan amfanin gida. Aka tara bindigogi 1,527, aka bi ta kansu da motar daddale titi a bainar jama'a, aka narke su aka ƙera shebur 1,527, aka rarraba wa makarantu da ƙungiyoyi don dasa itatuwa 1,527. Daidaiton adadin shi ne ke sa abin ya zauna a zuciya.

Wani lokaci kuma ba a gina komai. Mierle Laderman Ukeles ta shafe wata 11 tsakanin 1979 da 1980 tana bin masu kwashe shara na birnin New York unguwa-unguwa, har ta gaisa hannu da hannu da kusan 8,500, tana gode wa kowannensu. Lokacin birnin na cikin matsin kuɗi, ana raina ma'aikatan. Ko sisi ba ta ƙara musu a albashi ba, kuma wannan suka ce da ake iya yi wa aikin. Amma ta tilasta wa jaridu da masu zuwa baje koli su dubi mutanen da kullum ake kawar da kai daga gare su.

Yadda ake gudanar da aikin

Wanda ya ga hotunan ƙarshe zai ɗauka biki ne na yini ɗaya. Mafi yawan aikin kuwa zama ne da sauraro da neman izini.

Matakin farko shi ne samun masu masauki. Kafin mai fasaha Thomas Hirschhorn ya gina wata rumfa ta katako a unguwar Bronx ta New York a 2013, sai da ya zagaya rukunin gidajen gwamnati sama da 40 har ya samu inda shugabannin mazauna suka ce ya zo. Ya ɗauki 'yan unguwar aiki da biya, suka gina ɗakin karatu da gidan rediyo da wurin abinci da ɗakin kwamfuta, suna fitar da jarida kowace rana. Inda aka tsallake wannan mataki, aka shigo ta hannun hukuma kawai, mutane kan zo ranar buɗewa don ganin baƙi, washegari wurin ya zama kufai.

Na biyu shi ne taƙaita buri. Ƙungiyar WochenKlausur ta Ostiriya ta ƙware a nan. A 1993 aka gayyace su baje koli a Biyana, sai suka mayar da ɗakin ofis, suka ba kansu mako 11 su warware abu ɗaya: marasa matsuguni ba sa samun likita. Suka nemo kuɗin mota daga masu tallafi, suka mayar da ita asibitin tafi-da-gidanka, suka matsa wa hukumar birni har ta yarda ta biya likitoci, sannan suka miƙa motar ga ƙungiyar agaji ta Caritas. Lura da jerin: abin aiki, mai biyan albashi, mai riƙewa. In ɗaya ya ɓace a cikin ukun nan, aikin ba ya wuce ranar da masu fasahar suka tattara kayansu.

Sai batun kuɗi. Kasafin irin wannan aiki yakan ƙunshi ladan mai fasaha, ladan mahalarta, kayan aiki, izinin hukuma, inshora, da ɗaukar hoto da bidiyo. Abin da aka fi mantawa shi ne kuɗin kulawa bayan an gama, domin masu tallafi sun fi son biyan sabon abu da za a yanke masa kyalle, ba gyaran rufi a shekara ta uku ba. Hoto da bidiyo kuwa ba ƙaramin abu ba ne. Tunda aikin kansa ba ya sayuwa, su ne ke shiga gidajen baje koli, su ne ake sayarwa, su ne ke ɗaga sunan mai fasahar. Don haka tun kafin a kunna kyamara ya kamata a san wa ya yarda a ɗauke shi, ina za a nuna, kuma wa ke da rabo in an sayar.

Inda abin ke lalacewa

Matsalar da ta fi yawa ita ce ta baƙon da ya zo da ƙurarsa ya tafi. Rumfar Hirschhorn an buɗe ta 1 ga Yuli, aka rufe 15 ga Satumba, aka wargaza, aka raba kayan ga mazauna ta hanyar ƙuri'a. Shi bai ɓoye ba, tun farko ya ce na ɗan lokaci ne. Duk da haka tambayar tana nan: yaron da ya saba da ɗakin kwamfuta wata biyu da rabi, ina zai nufa?

Ta biyu ita ce mayar da talauci abin kallo. A 1999 a Havana, babban birnin Cuba, Santiago Sierra ya biya samari shida marasa aikin yi dala 30 kowanne, aka jera su, aka yi musu zanen da ba ya gogewa, layi ɗaya mai tsawon santimita 250 a gadon bayansu. Hujjarsa ita ce yana tona asirin yadda talauci ke sa mutum ya sayar da jikinsa da arha. Saƙon ya isa, ba shakka. Amma hotunan sun zagaya duniya da sunansa, su kuma samarin layin ne ya rage musu har kabari. A ganina wannan ya wuce gona da iri, domin ba a nuna zalunci ta hanyar ƙara yin sa a kan wanda ba shi da zaɓi.

Ta uku ta fi wuyar ganewa, don daga nasara take fitowa. A 1993 Rick Lowe da abokansa shida suka karɓi ƙananan gidaje 22 da aka yi watsi da su a unguwar baƙaƙen fata ta Third Ward a birnin Houston na Amurka. Wasu suka zama ɗakunan masu fasaha, wasu masaukin matasan iyaye mata da ke renon 'ya'ya su kaɗai suna karatu. Aikin na nan fiye da shekara 30. Sai dai unguwar da ta yi kyau tana jawo masu sayen fili, haya ta tashi, waɗanda aka yi domin su su fara ficewa. Abin da ya sa masu aikin suka kafa wani reshe daban na samar da gidajen haya masu sauƙi ke nan. A Granby ma mazauna sun riga sun kafa amanar al'umma, wato ƙungiyar da za ta riƙe gidajen da sunan unguwa, tun kafin Assemble su zo. Wanda bai riƙe ƙasar ba, gyaran da ya yi wani zai ci.

Akwai kuma haɗari na zahiri. A 2009 Tania Bruguera ta kafa makirufo a wani baje koli a Havana, ta ba kowa minti ɗaya ya faɗi abin da ke ransa. Da ta nemi maimaita hakan a Dandalin Juyin Juya Hali na birnin a Disambar 2014, sai aka kama ta, aka riƙe fasfonta watanni, aka kuma kama wasu da suka fito don halarta. A Najeriya, Jelili Atiku, wanda ya yi digirinsa na farko a Zariya, an kama shi tare da wasu a Janairun 2016 bayan wani nuni da ya yi a titunan Ejigbo a Legas, aka tsare su kwanaki, daga baya aka janye tuhumar. Mai fasaha da ya yi suna yana da masu yi masa kururuwa a ƙasashen waje. Maƙwabcin da ya riƙe masa tuta ba shi da su, kuma shi ne zai ci gaba da kwana a unguwar.

Shugabancin taron dangi ma yana da nasa rauni. A documenta ta 2022, ruangrupa sun tsara komai a kan al'adar rumbun shinkafa na gayya da ake yi a ƙauyukan Indonesiya: suka gayyato ƙungiyoyi, su ma suka gayyato wasu, aka raba kuɗi. Da aka gano hotunan da ke ɓatanci ga Yahudawa a wani ƙaton allon zane na ƙungiyar Taring Padi ta Indonesiya, aka rufe shi aka sauke, sai aka rasa wanda zai ce shi ya duba aikin kafin a kafa. Babbar daraktar baje kolin ta sauka daga muƙaminta a watan Yuli.

Me masana ke gardama a kai?

Masanin fasaha Grant Kester na ganin ma'aunin shi ne ingancin tattaunawar: an saurari mutane, an raba iko da su? Takwararsa Claire Bishop ta ce in haka ne kawai, to duk aikin da aka yi da kyakkyawar niyya ya ci jarrabawa ke nan, ko da bai motsa kowa ba, kuma gwamnati za ta samu hanya mai arha ta rufe gibin asibiti da makaranta da ta ƙi cikewa. Tana son aikin ya tayar da hankali, ya sa a ji ba daɗi in ta kama.

Duk biyun ana bukatarsu, kuma aikin garin Lusanga a Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango ya nuna dalili. A wannan gari, inda kamfanin Lever ya kafa gonakin kwakwar manja tun zamanin mulkin mallaka, ma'aikatan gona suka kafa ƙungiyar fasaha ta CATPC a 2014 tare da Renzo Martens ɗan ƙasar Holan. Suna gina mutum-mutumi da yumɓun kogi, a ɗauki siffarsa da na'ura, a aika Turai ta intanet, a zuba shi da cakulan, a sayar. Da kuɗin suke sayen gonakin da suka gaji da noman abu ɗaya, suna mayar da su daji da gonar abinci. An soki Martens sosai, ana cewa Bature ne ke gina sunansa da wahalar baƙaƙe. Sukar ba ta rasa tushe ba. Amma ƙasar da aka saya tana hannun ƙungiyar, kuma a 2024 su ne suka cika rumfar ƙasar Holan a baje kolin Venice.

Abin da ya shafi mutumin unguwa

Inda aka fi ganin amfani mai ɗorewa shi ne inda mai fasahar ɗan gida ne, ko aka kafa cibiya da za ta zauna. Ibrahim Mahama ya yi suna da lulluɓe manyan gine-gine da tsofaffin buhunan koko da gawayi, waɗanda yake karɓa a hannun 'yan kasuwa a ɗinke su wuri ɗaya. Kuɗin da ya samu a Turai da Amurka ya kai su garinsu Tamale a arewacin Ghana, ya buɗe cibiyar fasahar zamani ta SCCA a 2019, sannan Red Clay, inda ya jawo tsofaffin jiragen sama ya mayar da su azuzuwan yara. A Kamaru, cibiyar doual'art tana aiki a unguwannin Duwala tun 1991. Ita ta ɗauki nauyin mutum-mutumin nan mai tsayin mita 12 da Joseph-Francis Sumégné ya haɗa da tarkacen ƙarfe a shataletalen Deïdo a 1996, wanda aka yi ta zagi da farko, yanzu kuma ya zama tambarin birnin. Ita ce kuma ta sa aka gina gadar ƙafa ta katako a unguwar Bessengué a 2005, bisa zanen Alioum Moussa, bayan mazauna sun faɗi abin da suke bukata.

Saboda haka idan wani ya zo wa mai unguwa ko ƙungiyar matasa da irin wannan shiri, ba sai an tsaya gardamar ko fasaha ce ko ba fasaha ba. Akwai tambayoyin da suka fi wannan amfani, kuma a nemi amsarsu a rubuce. Wa ya ba da kuɗin, nawa ne, kuma nawa ne zai shiga hannun 'yan unguwa a matsayin lada? Mutane za su iya sauya tsarin, ko an gama yanke komai an zo neman masu cika hoto ne? Wanda ya ƙi a ɗauke shi, musamman mata da yara, za a bar shi ya shiga? Idan hukuma ta zo da tambaya, sunan wa ke kan takardar izini? Fili ko ginin da za a gyara, na wane ne, kuma akwai abin da zai hana a sayar da shi ko a ƙara haya bayan ya yi kyau? Sai ranar tafiya: a sa ta a takarda, tare da sunan ƙungiyar da za ta karɓi makulli da adadin kuɗin da aka ware mata na gyara.